Abin da Ban Faɗa wa Verna Ba

Asabar, 3 ga Yuli, 2004. Bayan magariba.

Baba Wilburn ya sauka lafiya. Shekara goma sha takwas rabona da shi. Da na hango shi a ƙofar fita ta filin jirgi, da malafarsa da 'yar jakarsa yana waige-waige, ban san sanda na zube ƙasa ba. Ya ɗan daki ƙeyata da jarida ya ce, "Tashi, Labaran. Kai ma ka fara furfura, in muka durƙusa mu biyu wa zai ɗaga wani?"

Ya tsufa, wallahi. Saba'in da huɗu. Daga ƙofa zuwa mota sau biyu ya tsaya yana haki. Na ce ai Yuli ne, Baba, ko mu da muka saba da Dubai ba ma wasa da ranar nan.

Ko wata rana 'ya'yana za su buɗe littafin nan, to su sani. Wannan mutumin, Wilburn Hotubbee, shi ne zaɓaɓɓen shugaban wani ƙaramin reshe na ƙabilar Choctaw a kudancin Amurka, mutanen da suke ƙasar tun kafin Bature ya san da ita. A farkon 1984 ina ɗalibi a can, sojoji suka karɓi mulki a gida, tallafin karatunmu ya tsaya cak. Na kwana uku a ɗakin wankin kaya na makaranta. Na je masana'antarsu ta wayoyin lantarkin mota neman ko shara ce, shi kuwa ya dube ni sama da ƙasa ya ce, "Yaushe rabonka da abinci?" Shekara biyu na yi a gidansa. Sana'ar kayan mota da nake ci da ita yau a Ras Al Khor, a hannunsa na koya. Har rubutun nan na kullum shi ya ɗora ni a kai.

Kwana huɗu zai yi. Ranar 13 ga wata ake zaɓe zagaye na biyu a garinsu, ga masana'anta ta rasa masu saye. So yake ya koma da takardar ciniki a hannu, na kuwa haɗa shi da wani dillali, jibi za su gana. 'Yarsa Verna ya bar wa kamfen. Verna da na bari da kitso biyu tana tsokanar Turancina, wai yanzu malamar makaranta ce mai 'ya'ya biyu.

Lahadi, 4 ga Yuli. La'asar.

Alhaji Mijinyawa, babbanmu a nan Deira, ya ji na yi baƙon sarki, ya kwaso mutum bakwai suka zo gaisuwa, har da Boubacar na Nijar, maƙwabcina a shago. Matata Asama'u ta yi tuwon masara miyar kuka. Baba ya wanke hannu ya ci sosai, ya ce su ma masara ce uwarsu, a ganyenta suke naɗe tuwon su dafa.

Ni ne tafinta. Alhaji ya ce in tambaye shi sarautar gidansu ta kai kaka nawa. Baba ya ce, "Ubana auduga yake tsinka a gonar wani. Ni ƙuri'a ce ta ɗora ni, sau shida, shekara ashirin da huɗu. Mako mai zuwa ma tana iya sauke ni."

Alhaji ya riƙe haɓa. "Sarki guda a kayar da shi kamar kansila? To wane ne ya isa?"

"Wani lauya ne. Ni na sa hannu aka tura shi karatu."

Boubacar ya buga cinya. "C'est pas possible! Wallahi wannan butulci ne!"

Baba ya yi dariya har da tari. Ya ce, "To don me muka tura shi karatun, in ba don ya iya ce mini na yi kuskure ba?"

Ya ba su labarin ɗakin da aka haife shi, babu daɓe, da rijiyarsu mai jan ruwa. Shi ya jawo famfo, ya gina asibiti da makarantar da ake koyar da yarensu. Aka ce wanne ya fi alfahari da shi? Ya ce dokar ƙirga ƙuri'a. Kafin shi, jami'in gwamnati ne ke ɗauke akwati ya tafi birni, bayan mako ya aiko musu da suna. Shi ya rubuta cewa a buɗe akwatin a zauren makaranta a gaban kowa, a karanta ƙuri'a ɗaya bayan ɗaya da ƙarfi, kuma ba mai tafiya gida sai an san wanda ya ci. Alhaji ya ce, "Allah ya nuna mana irin wannan a Najeriya, ko da muna dogara sanda." Aka yi ta dariya.

Litinin, 5 ga Yuli. Azahar.

Asibiti. Sai an jima.

Litinin, bayan isha'i.

A siton dillalin ne. Baba yana nuna masa curin wayoyi, yana cewa matan garinsu ne ke naɗa su da hannu, sai maganar ta tsaya. Ya dafa kwali, kwalin ya tafi da shi. Ni da Boubacar muka ciccibe shi zuwa mota.

Likitan ɗan Sudan ne mai sanyin murya. Ya ja ni gefe ya faɗi abin da ya faɗa game da zuciyar. Ya ce batun hawa jirgi a manta da shi. Ya ce ni wane ne a wurinsa? Na ce ɗa. Ya dube ni, ya dubi fom ɗin, ya rubuta. Sannan ya ce, "In akwai sauran 'ya'ya su zo. Kada su jira."

Da la'asar Baba ya farfaɗo. Ya janye robar numfashi daga fuskarsa ya ce, "Kira Verna. Abin da likita ya faɗa maka, shi za ka faɗa mata." Ɗakin da aka sa shi ba a shiga da waya.

Na fito farfajiya na kira. Safiya ce a can, ina jin hayaniyar 'yan kamfen a bayanta. Ta ce, "Yayana!" da Hausa, yadda na koya mata tun tana ƙarama. Na buɗe baki. Na ce zafin rana ne ya buge shi, an ba shi gado ya huta, amma da sauƙi.

Ban shirya faɗin haka ba. Da kanta maganar ta fito.

Talata, 6 ga Yuli. Hantsi.

Asama'u ta ajiye mini shayi ta tsaya a kaina. "Baban Hafiz, me ka ce wa yarinyar nan?" Na faɗa mata. Ta ce, "Ba haka ya aike ka ba." Na ce ta bar ni in ji da abu ɗaya.

Na bi ta wurin Alhaji Mijinyawa a Al Ras. Ya ce, "Daidai ka yi. Mace ita kaɗai, tana can bangon duniya, ka jefa mata wannan ta waya? In ta yanke jiki ta faɗi wa zai tare ta? Rai a hannun Allah yake, ba a hannun ɗan Sudan ba. Mu haka muka taso, ba a ɗaga hankalin na nesa."

Na ji sanyi a raina. Ni ma haka na gani. Likitoci nawa suka ce khalas, ta ƙare, mutum ya tashi ya ci tuwo? Mako ɗaya ne kawai. A gama zaɓe, in faɗa mata a tsanake.

Alhamis, 8 ga Yuli. Biyar na yamma.

Verna ce ta kira. Ta ce, "Yayana, ka faɗa mini, in taso? Fasfo ɗina na cikin jaka. In ka ce in zo, yau zan ajiye komai."

Ina tsaye jikin tagar asibiti, ina hango ƙafafunsa ta gilashi. Na ce ta tsaya ta gama zaɓen, shi ne maganin da ya fi buƙata. Ta nemi lambar likita, na ce ba sa ɗaukar waya, duk abin da ya faɗa ni zan isar mata. Ta yi ajiyar zuciya ta ce, "Ban san yadda zan yi ba da ba ka can."

Na ce da sauƙi, kullum ƙara samun sauƙi yake.

Juma'a, 9 ga Yuli. Bayan masallaci.

Na kira Kano in ji jikin Yaya Sauda, yayata da ta goye ni. Ƙafa ke damunta tun kafin azumin bara. Ɗanta Idris ya ce da sauƙi, barci take yi shi ya sa ba za ta karɓa ba. Alhamdulillahi. Ko nan ɗaya hankalina ya kwanta.

Lahadi, 11 ga Yuli. La'asar.

Yau ya yi magana mai tsawo, har na fara cewa ka gani ko, Labaran, da ka tayar wa mutane hankali a banza.

Ya ce zamanin kakannin kakanninsa gwamnati ta tasa ƙabilarsu gaba zuwa yamma, da ƙafa, cikin sanyi. Dubbai suka mutu a hanya, aka binne kowa inda ya faɗi, yau ba mai iya nuna wurin. Nasa dangin suka ɓuya a fadama suka ƙi tafiya. Ya ce, "Mu jikokin masu taurin kai ne. Gona ta tafi, daji ya tafi. Abin da muka tsira da shi kawai, mu mutu da fuskar namu a kanmu." Ya dubi silin ya ce, "Ga ni nan na yi tafiyar da ta fi tasu nisa, kuma ba wanda ya kore ni."

Na ce haba Baba, wace irin magana ce wannan.

Ya ce, "Yaushe Verna za ta iso?"

Na ce tana neman kujera, lokacin hutu ne, jirage a cike suke.

"Ta san abin da likita ya ce?"

Na ce ta sani.

Da na fito na shiga abra, kwalekwalen haya, na ƙetare ruwa, na sauka, na sake biya na dawo. Ba abin da na je yi a can.

Talata, 13 ga Yuli. Azahar.

Yau suke zaɓe. Ban buɗe shago ba. Allah ka ba shi, Verna ta taho masa da albishir, in faɗa mata sauran a mota. Gobe dai zan faɗa, ko ya ci ko bai ci ba.

Laraba, 14 ga Yuli. Bayan asuba.

Arba'in da ɗaya. Da ƙuri'a arba'in da ɗaya aka kayar da shi.

Verna kuka take yi a waya har ba na gane maganarta. Wai an yi ta yawo da cewa ya tafi shan iska Dubai ya bar masana'anta tana mutuwa. Shan iska! Ta ce akwai alamar tambaya a ƙuri'un da aka aiko ta gidan waya, doka ta ba da kwana goma a shigar da ƙara, kuma dole ta tsaya a kai da kanta. Ta ce, "Tunda yana samun sauƙi, bari in yi masa wannan. Ko kana ganin in taho?"

Don Allah ta yaya ake ɗora wa mai kuka wani kukan? Ta wace kafa zan fara? In ce mata kwana tara ina ce mata zafin rana ne?

Na ce ta tsaya.

Ta ce, "Ka faɗa masa adadin daidai. Ka san shi, ba ya son a kewaya masa."

Laraba, la'asar.

Ina shiga ya ce, "Nawa?"

Na ce ba a gama ƙirgawa ba, an samu 'yar tangarɗa. Mutum yana kwance da robobi a hanci, zuciya kamar tsumma, in ɗauki wannan in maka masa? Ko maƙiyinsa ba zai yi ba.

Ya daɗe yana kallona. Ya ce, "Haka ne?" Ya juya fuska bango.

Juma'a, 16 ga Yuli. Safe.

Asama'u tana yanka albasa, ko juyowa ba ta yi ba ta ce, "Baban Hafiz, kai fa aka yi wa haka a kan Inna."

Na daka mata tsawar da ban taɓa yi mata ba tun aurenmu. Ta ci gaba da yankanta.

Ba zan rubuta batun Inna ba.

Juma'a, bayan masallaci.

Kano. Idris ya ce da sauƙi, ta ɗan kwanta.

Asabar, 17 ga Yuli. Magariba.

Ƙafafunsa sun kumbura kamar tulu. Na ce wa Verna yau ya sha romo. Cokali biyu ya sha, ai ba ƙarya na yi ba.

Lahadi, 18 ga Yuli. Azahar.

Likita ya tare ni a baranda, yau babu sanyin muryar. "Ya akhi, ina 'yar tasa? Mako biyu ke nan!" Ya ce ƙoda ta fara tsayawa. Ya ce yanzu kwanaki ake magana, ba makonni ba.

Na koma wurin Alhaji. Ya ja carbinsa, sannan ya ce, "To ka ce mata jikin ya ɗan motsa, yana son ganinta. Kada ka wuce haka. Sauran in ta zo ta gani."

Sau biyu na danna lambarta, sau biyu na kashe kafin ta shiga. Matsoraci ne ni. Na rubuta a nan don in gani da idona.

Litinin, 19 ga Yuli. Bayan magariba.

Na same shi idonsa tar, kamar ba shi ba. Ya nuna mini kujera.

"Labaran, wa ya rubuta dokar ƙirga ƙuri'a?"

Na ce kai ne, Baba.

"Kai ka fassara wa abokanka ita da bakinka. Kwana shida ana ƙirga ƙuri'a dubu biyu? Na ba ka lokaci ne ka faɗa da kanka. Yanzu ba ni da lokacin bayarwa. Nawa?"

Na ce arba'in da ɗaya. Na yi sauri na ƙara da cewa Verna ta shigar da ƙara, akwai fata.

Ya lumshe ido, leɓɓansa na motsi. Na ɗauka addu'a yake, ashe gidaje yake lissafawa. Su wane mutum takwas ne, tun rikicin filin maƙabarta suke fushi. Su wance shida, ɗansu ya rasa aiki a masana'anta. Har ya ɗan yi murmushi. Ya ce, "Ba sata ba ce. Gajiya suka yi da ni, kuma suna da iko su gaji. Ka ce wa Verna ta janye ƙarar, ta kai wa yaron makullan ofis da hannunta."

Sai ya tsaya. Na ga abin yana shigarsa a hankali.

"In ƙara take bi, ba kujerar jirgi take nema ba. Me ka faɗa mata?"

Na faɗa masa. Duka. Kaina a ƙasa.

Bai ɗaga murya ba, ina ma ya zage ni. Ya ce, "Ka tuna bakin rafi?"

To bari in rubuta. A 1985, wata huɗu Yaya Sauda tana aiko mini wasiƙa, kowacce da layi ɗaya a ƙarshe: Inna na gaishe ka, jiki da sauƙi. Sai wani Bakatsine da ya dawo daga hutu ya kama hannuna a ɗakin cin abinci yana yi mini ta'aziyya. Tun kafin wasiƙar farko aka binne ta. Baba ya sa ni a a-kori-kurarsa ya kai ni bakin rafi, muka zauna har rana ta faɗi. Ina kuka ina kare su, ina cewa don kada karatuna ya lalace suka yi. Ya ce mini, "Wataƙila da an faɗa maka, da zama za ka yi. Amma kai ya kamata ka zaɓa."

Yau kuwa cewa ya yi, "Na ɗauka duk duniya kai ne na ƙarshen da zai yi wa wani haka. Shi ya sa na aike ka." Ya ɗaga yatsa ya nuna ƙofa. "Je ka. Yanzu."

Na kira. Na faɗa mata abin da likita ya ce jiya, kalma da kalma. Na jiya kawai. Na duba ko layin ya yanke. Ta ce, "Zan kira ka daga hanya."

Talata, 20 ga Yuli. La'asar.

Tana Landan, tana jiran jirgin da zai sauka gobe bakwai da rabi na safe. Shi kuwa tun jiya da yamma bai sake buɗe ido ba.

Ta kira daga wayar filin jirgi. Na roƙi nas ɗin, wata 'yar Filifin, ko za ta yi mini alfarma. Ta karɓi wayar ta zura a leda ta kai masa kunne, ko gardama babu. Ta ce, "Da ka tambaya tun farko ai da mun yi, lokacin yana magana."

Minti goma Verna tana yi masa magana da yarensu. Ban ji ko kalma ba sai amon muryarta. Ɗan yatsansa ya motsa sau ɗaya a kan zanen gado. Na faɗa mata, kuma wannan gaskiya ce.

Laraba, 21 ga Yuli. Safe.

Shida saura minti ashirin. Jirginta bakwai da rabi.

Laraba, bayan azahar.

Alhaji da Asama'u suka raka ni. A mota Alhaji ya ce, "Kada ka faɗa mata a tsaye cikin mutane. Ka ce yana hutawa. A kai ta gida ta watsa ruwa ta sa wani abu a ciki, sannan a faɗa mata a zaune cikin mata." Asama'u taga take kallo.

Verna ta fito da gudu-gudu, jaka ɗaya a kafaɗa, idanu sun yi ja. Sak marigayiya mahaifiyarta. Ta kama hannun rigata ta ce, "Yaya yake?"

Wallahi bakina ya riga ya ɗauko kalmar, na ji ta a kan harshena. Na haɗiye ta. Na ce, "Verna, ya rasu. Shida saura minti ashirin. Ina riƙe da hannunsa."

Ta ɗaga kai ta dubi agogon bango. Sai ta sulale. Asama'u ce ta tare ta kafin ta kai ƙasa, suka zauna tare a kan tayil, mutane na kewaye su da kaya. Alhaji bai yi ƙarya ba, faɗuwa ake yi. Ya cire hularsa ya tsaya can gefe.

Juma'a, 23 ga Yuli. La'asar.

'Yan uwa sun zo gaisuwa, falo ya cika har baranda. Ba Musulmi ba ne, kowa na laluben abin da zai ce, sai Allah ya ba da haƙuri ake ta maimaitawa. Boubacar ya yi kuka kamar ubansa ne. Verna ta zauna kusa da Asama'u da mayafin da ta ara mata, malafarsa a kan cinyarta, tana gyaɗa wa kowa kai.

Da aka watse ta ciro takardun da ta karɓo a asibiti jiya. Ta ɗora yatsa a kan shafin farko, inda likita ya rubuta cewa a sanar da iyali su zo. Kwanan watan na nan a sama, 5 ga Yuli.

Ta ce, "Sau biyu na tambaye ka."

Na ce haka ne.

"Kwana goma sha shida. Hanyar ko kwana biyu ba ta kai ba."

Na ce ban so hankalinta ya tashi ba ne. Na ce mu haka muke yi wa wanda muke so.

Ta ce, "Hankalin nawa ne, Labaran."

Ba ta taɓa kiran sunana haka tsirara ba. Ta ninke takardun ta shiga ɗaki.

Litinin, 26 ga Yuli. Azahar.

An gama takardu. Ni na kai shi sashen kaya na filin jirgi, don ba wanda ya fi ni sanin wurin. Injina nawa na aika daga tagar nan, tayoyi nawa. Fom ɗin ma irinsa ne, har da gurbin nauyi. Kilo ɗari da arba'in da biyu da akwatin. Ma'aikacin da ya san ni ya ce, "Habibi, yau me za mu tura?" Da ya karanta sai ya buga hatimi kawai.

Na isar mata da saƙonsa, ta janye ƙara ta kai makullan da hannunta. Ta sa na maimaita mata yadda ya faɗa, da gidajen da ya lissafa, da murmushin. Na ba ta duka, ban rage ko ɗaya ba. Ta ce sabon shugaban ya kira ta, za a ajiye gawar kwana ɗaya a zauren makaranta, inda ake ƙirga ƙuri'a.

A bakin ƙofar shiga ta rungume Asama'u sun daɗe. Ni kuma ta ce, "Na gode da ka riƙe masa hannu." Na tsaya ina jira ko za ta ƙara kalma ɗaya. Ta ɗauki malafar ta wuce.

Curin wayoyin da ya zo da su na nan a shago. Dillalin bai sake kira ba.

Talata, 27 ga Yuli. Hantsi.

Na kira Kano. Idris ya ɗauka. "Kawu, da sauƙi sosai wallahi, barci take yi."

Na ce, "Idris, ƙarfe takwas na safe ne a wurinku, Yaya ba ta taɓa kai hantsi a kwance ba. Don girman Allah tashe ta, ko sallama ce ta amsa mini."

A bayansa ina jin muryoyin mata da yawa, ƙasa-ƙasa, gidan da mutum huɗu ne a cikinsa.

Ya ce, "Kawu, manya sun ce kada a ɗaga maka hankali."

Da na juyo, Asama'u ta riga ta sauko da jaka daga kan kabad. Akwai kujera gobe ta Alƙahira. Ban sani ba ko dubiya zan je ko ta'aziyya, kuma duk cikin masu ƙaunata ba wanda zai faɗa mini sai na sauka.